Marubucin Fim da Ubangidansa: Tarken Shaihu Umar na Adamu Halilu a Ma'aunin Hausawan Jazira da Mai Wurno

1.0 Gabatarwa

A nazarin adabin Hausa an saba kiran littafi da sunan mai shi. Da an ce Ruwan Bagaja sai a tuna Abubakar Imam, da an ce Ganɗoki sai a tuna Bello Kagara. Amma idan aka zo ga fim, sunan ɗan wasa ne a bakin jama'a, in an matsa a ambaci mai ba da umarni. Wanda ya zauna ya yanka labarin fitowa-fitowa, ya sanya wa kowane ɗan wasa magana a baki, ba kasafai ake tunawa da shi ba. Wannan takarda za ta dubi irin wannan marubuci ta hanyar aikin Adamu Halilu, musamman fim ɗinsa na Shaihu Umar wanda ya fito a 1976.

Tambayoyi biyu takardar za ta bi. Ta farko, wane ne ke ɗaukar nauyin marubucin fim, kuma wane tasiri wannan ke yi ga zubin labarinsa? Ta biyu, idan aka auna labarin Shaihu Umar da tarihin Hausawan da suka yi ƙaura suka zauna a ƙauyukan Jazira da bakin Shuɗin Nilu a ƙasar Sudan, me za a ga ya kama, me kuma ya bari? An zaɓi wannan ma'auni ne domin labarin na mutumin da ya bar ƙasar Hausa ne, su kuwa waɗannan al'ummu suna cikin mafi girman taron Hausawa da suka bar gida suka zauna a wata ƙasa mai nisa.

2.0 Iyayen Gidan Marubucin Fim

Marubucin ƙagaggen labari yana iya rubuta littafinsa a ɗaka da biro da takarda, ya ajiye har Allah ya kawo mai bugawa. Marubucin fim ba shi da wannan sarari, domin abin da ya rubuta ba zai zama fim ba sai an kashe kuɗi masu yawa a kan kyamara da 'yan wasa da wanke hoto. Saboda haka tun kafin ya ɗora alƙalami akwai mai kuɗi tsaye a kansa, kuma Hausawa sun ce kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. A tsakiyar ƙarni na 20 iyayen gidan marubucin fim iri biyu ne, wato kasuwa da hukuma.

2.1 Marubucin Kasuwa

Ƙasar Suwidin misali ce mai kyau ta iri na farko. Mutanenta ba su wuce miliyan 7 ba a wajen 1950, harshenta kuma ba a jin sa sosai a wajen yankinta, amma duk da haka ta riƙe masana'antar fim da harshen gida. Babban kamfaninta, Svensk Filmindustri, wanda aka kafa a 1919, yana da sashe na musamman na masu rubutu. Daga cikin waɗanda suka yi wa kamfanin aiki akwai Gösta Stevens (1897-1964). Shi da darakta Gustaf Molander suka rubuta Intermezzo a 1936, fim ɗin da aka sake yi a Amurka a 1939, wanda kuma ya buɗe wa 'yar wasa Ingrid Bergman ƙofar Hollywood. Haka ma En kvinnas ansikte na 1938, wanda Stevens ya rubuta, an sake yin sa a Amurka a 1941. Duniya ta riƙe sunan 'yar wasan, shi kuwa marubucin sai mai binciken tarihin fim ne zai ci karo da sunansa. A wannan sashe na rubutu ne Ingmar Bergman ya fara aiki a farkon shekarun 1940, yana gyaran rubutun wasu, kafin a ɗauki nasa labarin a yi fim ɗin Hets a 1944.

Alƙalin irin wannan marubuci shi ne mai sayen tikiti. Dole ya iya riƙe mai kallo a kan kujera, don haka yakan ba tauraronsa wata bukata mai ƙarfi, ya gindaya masa cikas, ya bar mai kallo cikin zulumin yadda za ta kaya. Illar wannan tsari ita ce maimaici, domin abin da ya yi kasuwa bara shi za a sake nema bana. Fina-finan barkwanci na Åsa-Nisse, wani baƙauye mai wayo, sun kai wajen 20 daga 1949 zuwa 1969. Masu sharhi sun yi ta kushe su, jama'a kuwa suka yi ta cika gidajen silima.

2.2 Marubucin Hukuma

A ƙasashen da Ingila ta mallaka abin ya sha bamban. A 1939 aka kafa sashen fina-finai na ƙasashen mulkin mallaka a ƙarƙashin William Sellers, wanda ya yi aikin kiwon lafiya a Nijeriya. Ra'ayin Sellers shi ne mutumin ƙauyen Afirka ba zai fahimci fim mai sauri ko mai dabarun kyamara ba, don haka a tafiyar da hoto a hankali, a nuna abu ɗaya a lokaci ɗaya. Zubin da aka fi amfani da shi na mutum biyu ne, mai hankali da wawa. Na farko ya bi shawarar malamin gona ko malamin tsafta ya ci riba, na biyu ya ƙi ya yi da-na-sani. Wannan shi ne majigi da Hausawa suka sani: mota ta zo ƙofar fada da dare, a kafa farin ƙyalle, a nuna kyauta, wani ma'aikaci yana bayani da lasifika. Baban Larai, wanda aka yi a shekarun 1950 don koyar da noman auduga na zamani, shi ne wanda ya fi zama a zukatan mutanen Arewa daga cikin irin waɗannan.

Sudan ma makarantar ke nan ta shiga. A 1949 aka kafa sashen fim na gwamnati a Khartum, inda Jadallah Jubara ke riƙe da kyamara, Kamal Muhammad Ibrahim kuma yana rubutu, ana zagayawa da fina-finan cikin ƙasa a mota. A nan mai kallo ba ya biyan ko anini, don haka ba shi ne alƙali ba. Alƙali shi ne jami'in da zai sa hannu a kan takarda. Sakamakon haka mutumin da ke cikin labarin majigi ba shi da wata bukata tasa ta kansa. An ƙirƙiro shi ne don ya zama misali, kuma tun daga fitowar farko mai kallo ya san inda za a ƙare.

3.0 Adamu Halilu: Daga Majigi Zuwa Silima

An haifi Adamu Halilu a 1936 a Garkiɗa ta ƙasar Adamawa, ya rasu a 2001. Ya koyi rubutun fim da tace hoto a Landan da Rum, ya kuma yi shekaru yana aiki a sassan fim na gwamnati, inda ya shirya gajerun fina-finan wayar da kai masu yawa. Sunan ɗaya daga cikinsu, Mama Learns a Lesson na 1963, ya isa ya nuna makarantar da ya fito, domin ma'anarsa ita ce uwa ta koyi darasi. Bayan Shaihu Umar ya yi Kanta of Kebbi a 1978 da tallafin gwamnatin Jihar Sakkwato, daga baya kuma ya shugabanci Hukumar Fina-finai ta Nijeriya, wadda aka kafa a 1979, a farkon rayuwarta.

Abin lura a nan shi ne duk tsawon aikinsa a inuwar hukuma ya yi shi. Wannan ba zaɓinsa ba ne shi kaɗai. Gidajen silima na Kano, tun daga Rex da aka buɗe a 1937, fina-finan Amurka da na Indiya da na Sin suka riƙa nunawa, kuma harkar rarraba su tana hannun 'yan kasuwa baƙi. Marubuci da Hausa bai sami kasuwa tasa ba sai da kaset ɗin bidiyo ya zo, aka yi Turmin Danya a Kano a 1990. Wato Stevens da takwarorinsa sun koyi sana'a a gaban mai sayen tikiti, Halilu kuwa ya koyi tasa a gaban babban sakatare. Wanda zai yi tarken Shaihu Umar bisa adalci sai ya riƙe wannan a zuciya.

4.0 Shaihu Umar: Littafi, Wasa da Fim

Abubakar Tafawa Ɓalewa ya rubuta Shaihu Umar ne don gasar da Rupert East ya shirya a Hukumar Fassara ta Zariya a 1933, gasar da ta haifar da Ruwan Bagaja da Ganɗoki da Idon Matambayi. Umaru Ladan da Dexter Lyndersay suka mayar da shi wasan kwaikwayo na dandamali, aka buga a 1975. Halilu ya mayar da shi fim mai tsawon fiye da awa biyu, da Hausa, da kuɗin Gwamnatin Tarayya, daidai lokacin da ake shirin bikin al'adun baƙar fata na FESTAC da aka yi a Legas a 1977. Shekara 10 ke nan cif da kashe marubucin littafin, Firayim Ministan Nijeriya na farko, a juyin mulkin Janairun 1966.

Labarin a taƙaice shi ne: almajirai a Rauta ta ƙasar Bauci suka tambayi malaminsu asalinsa. Ya ce shi mutumin Kagara ne. Mahaifinsa ya rasu, mahaifiyarsa ta auri Makau, wani bafaden sarki. Fadawa suka ƙulla wa Makau sharri a kan bayin da aka kamo a wani hari, aka kore shi, ya koma Maƙarfi. Kafin iyali su haɗu aka sace yaron. Ya bi hannuwa har ya faɗa hannun wani Balarabe, Abdulkarim, a Kano, wanda ya ƙetare Sahara da shi, ya riƙe shi kamar ɗa, ya sa shi karatu har ya zama limami. Ita kuwa uwar ta bi sawunsa, aka yaudare ta aka bautar da ita, ta bi ta Murzuk har Tarabulus. Sun sadu a ƙarshe, amma ba ta daɗe ba ta rasu.

4.1 Zubi da Tsari

Zubin labarin waiwaye ne: malami a zaune, almajirai a gabansa, yana ba da abin da ya riga ya wuce. Fim ɗin ya riƙe wannan zubi. Ga wanda ya tashi a majigi babu zubin da ya fi wannan dacewa da hannunsa, domin Shaihu a nan ya tsaya ne a matsayin mai bayani da lasifika, almajirai kuma a matsayin taron ƙofar fada. Wannan ya ba fim ɗin natsuwa da kwarjini. Tafiyar hawainiya da Sellers ya shimfiɗa bisa raina fahimtar mai kallo, a hannun Halilu ta zama hanyar ba ido lokaci ya ƙare wa fada da ayari da rairayin hamada kallo. A nan gani ya kori ji, domin abin da Ɓalewa ya faɗa a jimla biyu, kyamara ta mayar da shi duniya sukutum.

Amma zubin yana da tsada. Tunda mai kallo ya ga Umar a fitowar farko dattijo ne, malami, a ƙasarsa, cikin mutunci, to ya riga ya san yaron ba zai mutu a hannun ɓarawo ba, ba zai halaka a hamada ba, ba kuma zai dawwama a bauta ba. Duk wani haɗari da zai biyo baya an riga an zare masa dafi. Marubucin kasuwa da wuya ya yarda ya sayar da ƙarshen labarinsa da arha haka. Marubucin hukuma kuwa bai ga asara a ciki ba, don abin da aka koya masa shi ne isar da darasi, kuma darasi ya fi zama idan an ga sakamakonsa tun da fari.

4.2 Taurari

A ƙa'idar wasan kwaikwayo, tauraro shi ne wanda ke son wani abu, ya tashi nema, ya biya farashi. Idan aka bi wannan ƙa'ida za a ga Umar, a mafi yawan labarin, ɗaukarsa ake yi. An sace shi, an tsince shi, an kai shi Kano, an ƙetare da shi, an sa shi makaranta. Shawara ɗaya babba da ya yanke da kansa ita ce ta neman mahaifiyarsa, ita ma mafarki ne ya tunzura shi. Wadda ta cika sharuɗɗan tauraro ita ce uwar. Ita ce ta bar gida da ƙafarta, ta amince da wanda bai cancanci amana ba, ta rasa 'yancinta, ta ƙi haƙura, ta kai ga abin da take nema, ta mutu. Zuciyar wasan tana wurinta, sunan littafin da darasinsa suna wurin ɗanta.

Wannan rabuwa gado ce daga littafin, kuma ita ce babbar dama da ke gaban duk mai mayar da shi fim. Da an sauya mazaunin labarin aka ba da shi ta idon uwar, da an sami wasa mai zulumi na gaskiya, don babu wata fitowar farko da ta yi wa mai kallo alkawarin za ta tsira. Sai dai yin haka na nufin taɓa littafin marigayi Firayim Minista, da kuɗin gwamnati, a fim ɗin da za a nuna wa baƙin duniya. Ladan kuturu a nan shi ne biyayya ga matani.

4.3 Jigo

Babban jigon labarin haƙuri ne da yarda da ƙaddara, da ɗaukakar da ilimi ke jawowa. Bauta tana ko'ina a cikinsa, tun daga harin da sarki ya tura har zuwa kasuwannin hamada, amma labarin ya kasa ta gida biyu: ubangida nagari irin Abdulkarim, da mugu irin waɗanda uwar ta faɗa hannunsu. Mai nazari zai lura cewa wannan shi ne zubin mutum biyu na majigi a cikin wata riga. Hukuncin ya faɗa kan halin mutum ɗaya-ɗaya, ita kuwa sana'ar kama mutane da sayar da su ta wuce ba a tuhume ta kai tsaye ba. Duk da haka, wahalar uwar ta fi ƙarfin darasin da aka ɗora a kanta. Wanda ya bi ta daga Fatika zuwa Tarabulus zai fita da tambayar da Shaihu bai yi wa almajiransa ba, kuma wannan yana cikin abin da ya sa aikin ya daɗe bai mutu ba.

5.0 Waɗanda Ba Su Komo Ba

Akwai jigo na biyu da zubin waiwaye ya ɓoye, wato komowa gida. Umar ya komo. Ganɗoki ma, wanda ya yi yaƙi da Nasara ya nufi gabas, ya komo ya tarar da sabon zamani ya kuma yaba da shi. Littattafan farko biyu da suka fitar da Bahaushe daga ƙasarsa duk sun dawo da shi, ya zauna yana ba da labari. Tarihi kuwa ya san wata tafiyar dabam.

Bayan Turawa sun ci Sakkwato a watan Maris na 1903, Sarkin Musulmi Attahiru na I ya yi hijira zuwa gabas, jama'a masu yawa suka bi shi. An kashe shi a Burmi a watan Yulin shekarar. Ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ja sauran suka ci gaba har Sudan, suka sauka a Shaikh Talha, daga baya suka kafa garin Mai Wurno a bakin Shuɗin Nilu, kudu da Sinnar. Fulani ne da Hausawa, kuma sun tarar da wasu 'yan'uwansu da hanyar hajji ta ƙasa ta riga ta kawo. Da aka gama madatsar ruwa ta Sinnar a 1925, aka buɗe babbar gonar auduga ta Jazira tsakanin Farin Nilu da Shuɗin Nilu, sai bukatar 'yan ƙwadago ta ƙaru. Alhazai masu neman guzuri suka riƙa tsayawa tsinkar auduga, shekara ta zama shekaru, zango ya zama ƙauye. Wasu sun sami hawasha, wato gonar haya ta tsarin, da yawa kuma suka zauna a matsayin 'yan ƙwadago da masu noman raba-daidai a ƙananan matsugunai da ake kira kambo. Mutanen ƙasar suna kiran su Fallata ko Takarir.

Masana sun yi rubutu a kansu. Mark Duffield ya fitar da littafi a kan tattalin arzikin Mai Wurno a 1981. Bawa Yamba, ɗan Gana da ya yi karatu da aiki a Suwidin, ya nuna a littafinsa na 1995 cewa a ƙauyukan Jazira akwai jikoki da tattaɓa-kunnen alhazan farko waɗanda aka haifa a Sudan, ba su taɓa ganin Makka ko Kano ba, amma suna ɗaukar kansu matafiya ne a kan hanya, har wasu ba sa son gina gida mai ƙarko don kada ya zama alamar an fasa niyya. Ta fuskar doka kuma, dokar zama ɗan ƙasa ta Sudan ta 1957 ta nemi mutum ya nuna kakanninsa suna ƙasar tun kafin 1898, sharaɗin da ya bar mutanen hijirar 1903 da waɗanda suka biyo su a bakin ƙofa na tsawon lokaci.

Ba za a zargi Halilu don bai ba da wannan labari ba, tunda wani littafi aka ba shi, kuma hanyar Umar ta arewa ce ta bauta, tasu kuwa ta gabas ce ta hijira da hajji. Abin da ma'aunin ke nunawa shi ne iyakar abin da kuɗin hukuma ke iya hangowa. Ga gwamnatin mulkin mallaka, hijirar Attahiru labarin ƙin mulkinta ne. Ga gwamnatin Nijeriya mai neman nuna al'adunta a 1977, mutanen sun zama na wata ƙasa. Ga masu shirya fim a kan Jazira kuwa, abin alfahari shi ne aikin injiniya. They Planted a Stone, gajeren fim ɗin Ingila na 1953 wanda har ya shiga takarar lambar Oscar, jigonsa shi ne yadda aka sarrafa ruwan Nilu don raya ƙasa. Mai tsinkar audugar da ke jin Hausa ya faɗa tsakanin iyayen gida uku, babu wanda labarinsa zai yi wa amfani a cikinsu.

Wannan giɓi yana da nauyi a rayuwa ta zahiri. A watan Yulin 2022, da kuma Oktoban shekarar, rikici ya ɓarke a Jihar Shuɗin Nilu tsakanin Hausawa da wasu ƙabilun yankin a kan ƙasa da neman sarautar gargajiya, ɗaruruwan mutane suka mutu, dubbai suka bar gidajensu. A gindin rikicin akwai tsohuwar tambaya, wato ko wanda kakansa ya zo fiye da shekara 100 da suka wuce ɗan gari ne ko baƙo. Yaƙin da ya ɓarke a Sudan a Afrilun 2023 ya kai Wad Madani a Disambar shekarar, ya kuma shafi Jihar Sinnar a 2024. Karin maganar da ke cewa kowa ya bar gida gida ya bar shi ta yi daidai da tunanin littattafan 1930, inda gida ɗaya ne kuma yana baya. Ba ta da amsa ga wanda aka haifa a kambo.

6.0 Matsalolin da Ke Jiran Marubuci

Ɗalibin da zai gwada rubuta fim a kan waɗannan ƙauyuka zai gamu da matsaloli uku, kuma kowace tana haska wani abu game da Shaihu Umar.

Ta farko ta zubi ce. Waiwaye na bukatar mai labari da ya isa masauki, ya juya yana duban baya. Alhajin Jazira bai isa ba, bai kuma koma ba. Labarinsa jira ne, jira kuwa shi ne abu mafi wuyar nunawa a fim. Mafita ita ce a nemo rikicin a cikin gida: uba yana tara kuɗin auduga don ƙetare Bahar Maliya, ɗa yana son a sayi bulo a yi gini, ko a nemi takardar zama ɗan ƙasa. Kuɗin ɗaya ne, bukatun biyu ne, kuma kowannensu yana da hujja. Zubin mai hankali da wawa ba zai ɗauki wannan ba, domin babu wawa a cikinsu.

Ta biyu ta harshe ce, kuma ita ta fi shafar ɗaliban harshe. Hausar Shaihu Umar daidaitacciya ce, har Larabawan cikin labarin da ita suke magana a littafin. Hausar Sudan kuwa ta daɗe tana cuɗanya da Larabci, kamar yadda Al-Amin Abu-Manga na Jami'ar Khartum ya nuna a littafinsa na 1999 a kan yadda take karkata zuwa Larabci, sannan a Mai Wurno ga Fulatanci a gefe. A gida ɗaya ana iya samun kaka mai tsohuwar Hausa, da uba mai gauraya, da jika wanda Larabci ya fi sauƙi a bakinsa. Marubucin da ya daidaita musu harshe duka ya shafe rabin labarin, don sauyawar harshe daga baki zuwa baki ita ce ke nuna tsawon zaman ba tare da an faɗa ba.

Ta uku ta ubangida ce. Ƙaddarar fim ɗin Halilu kanta darasi ce. Bayan an gama bikin da aka yi shi dominsa, ya ɓace daga idon jama'a shekaru da dama, har aka ɗauka ya salwanta. Sai a 2016 Didi Cheeka da abokan aikinsa suka gano faya-fayansa a wata tsohuwar ma'ajiyar gwamnati a Legas, cibiyar Arsenal ta Jamus ta gyara shi, aka nuna shi a bikin fina-finai na Balin a 2018. Hukuma tana iya biyan babban aiki, amma ba ta da dalilin yawo da shi bayan an watse. Kasuwa tana yawo da aiki, amma takan nemi abin da ta riga ta sani. Marubucin yau, ko a Kano yake ko a Wad Madani, sai ya san wanne ya zaɓa da abin da zai biya.

7.0 Kammalawa

Takardar ta nuna cewa zubin labarin fim yana bin wanda ya ɗauki nauyinsa. Marubucin Suwidin irin Gösta Stevens ya koyi riƙe mai kallo domin da tikiti ake biyan sa. Adamu Halilu ya koyi isar da darasi domin daga baitulmali ake biyan sa, kuma a Shaihu Umar ya kai wannan makaranta matuƙar abin da za ta iya: natsuwar hoto, mutunta harshe, da adana wata duniya da ta shuɗe. Rauninsa ma daga nan ya fito, wato tauraron da ake ɗauka, da ƙarshen da aka sani tun farko, da uwar da ta ɗauki nauyin wasan amma aka bar ta a gefe. Da aka auna shi da tarihin Mai Wurno da ƙauyukan Jazira, an ga cewa littattafan farko da fim ɗin da ya gaje su sun san fita da komowa, ba su tanadi wuri ga wanda ya fita ya zauna ba.

Don aikin aji, ana son ɗalibi ya ɗauki zuwan mahaifiyar Umar Kano neman ɗanta, ya rubuta shi a fitowa uku ta idonta ita kaɗai, ba tare da muryar Shaihu ba. Bayan haka ya rubuta fitowa ɗaya ta uba da ɗa a wani kambo na Jazira ranar da aka biya kuɗin tsinkar auduga, ya kuma yi bayani a shafi guda a kan irin Hausar da ya sanya a bakin kowannensu da dalilinsa.